Furar da Ta Raba Ilisha da Kambunsa

Ilisha ɗan Kurmin Kogi ne, gajere, siriri, wanda ya fara neman na kansa da lodin rake a Makarfi. A can wani tsohon soja mai suna Ashafa ya lura da saurin hannunsa, ya tafi da shi Kaduna, ya koya masa damben zamani. Wannan dambe yana da wata doka da mutanenmu ba su cika fahimta ba: ba a haɗa mutum sai da sa'ansa a nauyi, kuma jajibirin karo ana ɗora kowa a sikeli. Zakaran da ya haura iyakar ajinsa, ko da kaɗan ne, ya rasa kambunsa tun ba a taɓa shi ba.

Ilisha ya ci kambun ajin marasa nauyi, ya kare shi shekara da shekaru, yana kwana da yunwa da gangan alhali yana da halin ci.

Ana saura 'yan kwanaki a yi awon wani karo, aka tashi ɗaura auren ƙanwarsa Serah. Ashafa ya ce masa ya haƙura da zuwa bikin.

"Oga, babanmu ya rasu. Ni zan miƙa ta a coci."

"To, ka miƙa ta baki a rufe."

Bayan biki ya fita zagayen godiya ga maƙwabta, kamar yadda aka saba. A gidan fasto aka kawo shinkafa, kunya ta sa ya kai loma biyu. Daga nan ya shiga gidan Malam Ya'u, wanda gonarsa ta yi iyaka da ta mahaifinsa. Matarsa Indo ta dire masa ƙwaryar fura da nono.

"Inna, a yi mini afuwa, awo nake jira."

"Awo? Buhun masara ne kai? Dubi wuyanka duk ya zuƙe! Ko sai abincin gidan fasto ne yake wuce maka?"

Da dariya ta faɗa, amma Malam Ya'u bai yi dariya ba. Ilisha ya gane labarin shinkafar ya riga shi isowa, kuma ƙin da zai yi yanzu ƙyamar Musulmi za a ɗauke shi. Ya shanye furar tas. Wanda ya sha a gidan Ya'u kuwa ba shi da hujjar ƙi a gida na gaba.

Da ya koma Kaduna ya yi ta gudu cikin rana, ya daina shan ruwa. Sikeli bai saurari uzuri ba. Aka karɓe kambun.

Ashafa ya dube shi ya ce, "Wa ya kayar da kai?"

"Inna Indo, Oga. Da hannu ɗaya."

Wasu sun ce wauta ya yi, wasu sun ce mutunci ya nuna. A ganina duka ɓangarorin sun yi gaggawar hukunci. Kuskuren ya auku tun a gidan fasto, domin doka irin tasa ba ta da kariya sai idan ta hau kan kowa. Da ya ƙi a can, ƙinsa a gidan Ya'u gaskiya ce da kowa zai shaida. Amma bayan ya karya ta, dole wani ya ɗauki nauyin wannan karyawa: ko shi da kambunsa, ko dattijon da bai yi laifin komai ba. A nan ban ga inda ya kauce ba.

Ya koma ajin da ke sama, inda ya tarar da mazan da suka fi shi ƙashi, bai sake riƙe kambu ba. Yanzu yana noma gonar mahaifinsa. Indo ta rasu ba ta san abin da furarta ta jawo ba, domin Ilisha ya hana a gaya mata.