Yatsun Goggo Mai Tufka

Ni ce na fara kiranta Hannun Ƙaguwa. Ina ƙarama a lokacin, bakina ya fi ni girma, sunan kuma ya bi ta har yau. Goggona ce, ƙanwar babana. Shekara arba'in ke nan tana tufka igiyar jirage a wani ɗaki mai warin gishiri a ƙarshen layin masunta. Ba ta da miji, ba ta da ɗa, sai kujera 'yar tsuguno da ƙugiyar ƙarfe a bango.

Wanda bai san tekunmu ba sai an yi masa bayani. Guguwarsa ba ta jiran damina. Da rana tsaka sama za ta koma kore shar, walƙiya ta riƙa tasowa daga ƙarƙashin ruwa, raƙuman ruwa kuma su riƙa kiran masunta da muryoyin matattunsu. Jirgin da ta haɗiye, ko katako ɗaya ba a gani. Abu guda take jin nauyinsa, shi ne zaren mai jira. Kafin mutum ya fita, wadda ke son ya dawo za ta kaɗa zare da hannunta ta kai wa Goggo, ita kuma ta tufka shi cikin igiyar jirgin. In guguwa ta taso, sai ta ja jirgin, zaren ya ja hannun mai jira a gida. Da zafi kam, amma tafin hannu yake ƙonawa, ya bar tabo ya warke. Wadda ta riƙe wa mutane da yawa ce kawai yatsunta ke karyewa, shi ya sa ba a yi wa fiye da mutum biyu.

Mu dai mun ɗauka aiki ne ya lanƙwashe yatsun Goggo. Tara sun karkace, babban yatsan dama kaɗai ya rage mata, da shi take murza igiya.

Shekarar da abin ya faru, na yi faɗa da maigidana. A gaban uwarsa ya ce ni ko ruwan zafi na dafa sai ya ƙone, suka yi ta dariya. Kwana uku ban yi masa magana ba. Da ranar kai zare ta zo, ban ko taɓa mazari ba. Na zaro wani daga gefen tsohon zanen da na saya a kasuwa, na naɗe, na kai. Ba mutuwarsa nake so ba, wallahi. Na dai ga wata huɗu ke nan teku shiru, na ce wannan karon ya je da ruwan zafinsa.

Goggo ta karɓa, ta murza shi da yatsan nan, ta ɗan jima.

"Ke kika kaɗa, 'yar nan?"

"To wa zai kaɗa mini?"

"Hannunki ya yi kyau," in ji ta, ta ajiye shi gefe.

A rana ta biyu da fitar jirage guguwa ta taso, muna tsakar shanyar kifi. Nan take layinmu ya cika da nishi. Maƙwabciyata ta durƙusa a bakin ƙofa, ta matse hannu a cinya, gumi na zuba mata. Surukata ta fito tana kallona. Ni kuwa ko ƙaiƙayi ban ji ba. Sai na kama hannuna na dama, na tsuguna, na yi ta nishin ƙarya tare da su, alhali na san na kashe uban 'ya'yana. Har surukata ta kawo ruwa ta shafa mini a goshi tana yi mini sannu. Ban taɓa jin na tsani kaina kamar a wannan lokacin ba.

Kafin la'asar jirage suka fara shigowa. Na maigidana ne na shida. Ya sauko jage-jage, ya kama hannuna a gaban jama'a, hannun da na naɗe da tsumma, ya ce muryar babansa ta kira shi har ya sa ƙafa ɗaya a ruwa, sai ya ji an fizgo shi baya.

"Ki yafe mini maganar ruwan zafin nan," ya ce.

Na sunkuyar da kai, mutane suka ce kunya ce irin ta mata.

Daga nan ɗakin Goggo na nufa. Na same ta zaune a ƙasa, ta jingina da bango, kofin ruwa ya kife kusa da ita. Babban yatsan ya juya baya, ya kumbura. Zarena na kasuwa yana nan a gefen kujera inda ta ajiye shi. A kan ƙugiya kuwa ga mazarinta, da sauran zaren da ta kaɗa. A nan na gane na wa take riƙewa shekara arba'in: gwauraye, baƙi, marayu, da mazan mata irina.

"Goggo," na ce, na durƙusa kusa da ita.

"Mijin nan naki akwai nauyi," in ji ta. "Ki rage masa abinci."

"Me ya sa ba ki tona mini asiri ba?"

"Da na tona, da fushi za ki kaɗa wani, shi ma ba zai riƙe ba. Ɗauko mini kofin nan, ƙishi nake ji."

Ni na riƙe mata ta sha, don ba ta iya riƙewa.

Tun daga ranar ni ke yin tufkar. Tana zaune tana faɗa mini inda na yi sako-sako, yara suna wucewa ta taga suna kiranta da sunan da na sa mata. Maigidana har gobe yana ba baƙi labarin matarsa mai ƙarfin riƙo. Ya taɓa tambaya ina tabon, na ce fatata ce mai saurin warkewa. Da na gaya wa Goggo, sai ta buɗe baki na sa mata loma.