Duman da Na Yi wa Waƙa Wata Uku

Shekarun baya can, wajen tsakiyar shekarun saba'in, ina sabuwar malamar firamare a Kafanchan, kuma ni ce mai ba da waƙa a kwaya, wato ƙungiyar mawaƙan cocinmu. Girman kai kuwa a lokacin sai wanda ya gani. Duk abin da ba a littafi na karanta shi ba, a wurina tatsuniya ne.

Mahaifiyata tana da wata doguwar waƙar niƙa da yarenmu. Sunayen matan zuriyarsu ne a jere, kowace da dutsen da ta sauko daga kansa da halin da aka san ta da shi. Tun da injin niƙa ya iso ƙauyenmu wajen Madakiya babu yarinyar da ta koya, ita kaɗai ta rage mai iyawa. Ta sha roƙona in zauna in koya, ni kuwa in ce ta faɗa in rubuta. Sai ta ce, "Wannan waƙa ba ya shiga takarda, Malama." In tana so ta tsokane ni, Malama take kirana.

Wata damina muryarta ta fara dishewa. Na ɗauko ta ta dawo wurina saboda asibiti, likita ya ja ni gefe ya ce abin da ke maƙogwaronta zai tafi da muryar gaba ɗaya. Ban gaya mata ba, amma ta sani.

Sai kawai ta shuka duma a gindin danga bayan ɗakina. Da ya yi 'ya'ya ta zaɓi ɗaya, ta ɗaura masa jan zare, ta ce a garinsu da haka ake ajiye murya. Wai ɗanyen duma yana shan waƙa yadda yake shan ruwa. In an yi masa kullum da safe har ya bushe, ranar da aka fafe shi zai mayar da ita.

Na yi dariya har da riƙe ciki. Ta bar ni na gama, sannan ta ce cikin raɗa, "Amma duma ba ya jin raɗa. Ni ba ni da murya, ke kina da shi. In faɗa maki a kunne, ki faɗa masa da ƙarfi."

Don kada ranta ya ɓaci na yarda. Kullum kafin in tafi makaranta sai mu durƙusa a gaban duma, ta raɗa mini baiti, in rera. In na karkace ta mintsine ni, ta ce, "Kada ki ba shi ƙarya ya sha." Kuma kowace safiya daga farko ake somawa.

Wai ni mai koya wa yara kimiyya! Kafin wata guda na fi ta zumuɗi. Dumanmu ya fi 'yan'uwansa girma, na ce to, waƙar ce. Na kori akuyar maƙwabta da muciya. In jirgin ƙasa ya yi kuka muna tsakiyar baiti, sai in rufe duman da zanina don kada ya sha kukan jirgi. Na ba wata abokiyata labari, ita kuma ta baza wa matan zumuntar cocinmu.

Ana saura mako biyu Kirsimati duman ya bushe ƙayau. Ranar Lahadi bayan sujada mata suka cika tsakar gida, har da masu leƙe ta danga. Na yanke bakinsa, na zazzage 'ya'yan, na kafa kunne.

Babu komai sai wani huuu, irin na kowane gora.

Abokiyata ta karɓa ta saurara, ta ce, "Sista, ko dai batir ne babu?" Aka kwashe da dariya. Ni kuwa kunya da baƙin ciki suka haɗe mini, don a ranar ko raɗar ma da ƙyar take fita daga bakin mahaifiyata. Na durƙusa na ce, "Mama, bai kama ba. Waƙar ta tafi."

Ta jawo kunnena ta ce, "Me ya kamata ya fara faɗa?"

Na rera mata baitin farko don ta gane abin da muka rasa. Na biyu ya biyo shi da kansa. Kafin in ankara ina tsaye ina jero matan nan ɗaya bayan ɗaya, tsofaffin da suka san yaren sun fara amshi, wata ta saki guɗa. Ban tsallake ko suna ɗaya ba. Da na kai ƙarshe mahaifiyata tana dariyar da ba ta da sauti, hawaye na zuba. Ta ƙwanƙwasa goshina da yatsa yadda ake gwada duma, ta ce, "Ya kama."

Ita ce kusan magana ta ƙarshe da na ji daga bakinta, ko da yake ta ƙara shekara huɗu a duniya. Har yau ban san ko da gaske ana wannan sana'a a garinsu ba, ko ita ta ƙirƙira don ta san taurin kaina. Na tambayi tsofaffi, kowa sai ya yi murmushi.

Na ƙara baiti ɗaya a ƙarshen waƙar, mai sunanta. Bana kuma na shuka duma a bayan gida, don jikata da ke jami'a ta ce in rera ta ɗauka a waya.