Na Gyara Rubutun Kawuna, Na Kasa Jin Mahaifiyata

Ina yi wa masu karatun wannan mujalla sallama. Na daɗe ina son rubuto wannan labari, kunya tana hana ni. Ba zan ambaci sunan kowa ba, har da sunan yaren da zan yi magana a kansa, domin masu jin sa sun yi ƙaranci ƙwarai, da na faɗe shi za a gane gidanmu.

A lokacin da abin ya faro ni malamar Hausa ce a wata makarantar sakandare a Tambuwal. Ban daɗe da gama kwalejin ilimi ba, shekaruna ba su kai talatin ba, kuma ina ji da kaina a kan ƙa'idojin rubutu. Ko katin biki aka miƙo mini sai na nemo inda aka haɗe kalmar da ya kamata a raba. Jan biro ba ya barin jakata. Mahaifina Bahaushe ne, mai sayar da hatsi, amma Innata daga wani ɗan ƙauye ta fito a ƙasar Kebbe, can gaba da Fakku, inda suke da yarensu na kansu. Hausa muke yi a gida. Ba na jin yaren a bakinta sai in yayanta ya kawo ziyara, su zauna a tabarma suna hira suna dariya, mu kuwa ba mu san abin da ake cewa ba. Tun ina firamare ƙawayena suka taɓa kwaikwayon maganarsu, na dawo gida na ce mata ta daina yi a gaban mutane. Daga ranar, in Kawu ya zo, ɗaki suke shigewa.

Kawu tela ne a Kebbe. Bai yi makarantar boko ba, a ajin yaƙi da jahilci ya koyi karatu da rubutu yana magidanci. Da ya ga ƙauyensu yana watsewa, samari sun koma Hausa zalla, tsofaffi suna ta rasuwa, sai ya fara rubuta yaren a littattafan rubutu irin na 'yan makaranta. Ranar da ba kasuwa ya kan rufe shago ya hau kekensa ya je wurin wani tsoho, ya tambaye shi sunayen itatuwa, da na ciyayi, da na gaɓoɓin jiki, da yadda ake gaisuwar mutuwa, da waƙoƙin niƙa. Kowace kalma ya sa ma'anarta da Hausa a gefe. Da ya ga baƙaƙe da wasulan da aka koya masa ba su isa ba, sai ya ƙirƙiro nasa. Yana da wani harafi kamar "e" da aka kifa, yana da "o" mai layi a ƙarƙashi, sannan kusan kowane wasali yana da ɗan karan da ya ɗora masa a kai, wani ya karkata dama, wani hagu. Shekara kusan ashirin yana wannan aiki, har ya cika littafi tara.

Da idanunsa suka fara yin yana, gani ya ragu, ya kawo mini su Tambuwal a cikin wata jaka da ya ɗinka da ƙyallayen atamfa. Ya ce ni ce mai ilimin gidan, in buga masa su a kwamfuta don kada su lalace. Da zai tafi ya tsaya a bakin ƙofa ya ce, "Ɗiyata, abin da nika roƙo gare ki guda na. Duk ɗigon da kig gani, ki sa shi inda nis sa shi." Na ce masa kada ya damu.

Da na zauna aikin a wani shagon buga takardu, na tarar haruffan Kawu babu su a kan madannan. Mai shagon ya ce ana iya nemo su, amma sai an ɓata lokaci. Ban ba shi lokacin ba. A raina na riga na yanke cewa waɗannan ƙugiyoyi da karare shirme ne na wanda bai yi karatu mai zurfi ba. Na ce ai wasali biyar sun ishi Hausa, kuma muna rubuta ta ba tare da nuna karin sauti ba, kowa yana karantawa lafiya. Abin da na ƙi tunawa, alhali an koya mini shi a kwaleji, shi ne mai karanta Hausa ya riga ya ji Hausa, kunnensa ne yake cike masa abin da takarda ta bari. Littafin Kawu kuwa don waɗanda ba su ji yaren ba aka rubuta shi. Haka na bi na mayar da kifaffen "e" ya zama "e" na kowa, na cire layukan, na share kararen duka. Da na gama, sai na ga kalmomi da yawa sun zama iri ɗaya, wata sau biyu, wata sau uku a jere. Na ɗauka mantuwar tsufa ce ta sa yake maimaitawa. Na riƙa barin ta farko da ma'anarta, ina goge sauran. Littafi tara suka koma ɗan siririn littafi guda, na sa aka yi masa bango mai kyau.

Na kai masa har Kebbe. Ya karɓa da hannu biyu, ya kai shi dab da ido, ya juya shafi, amma na ga ba ya ganin komai. Ya tambaye ni me ya sa bai yi kauri ba, na ce rubutun kwamfuta ƙanana ne. Ya sake tambaya ko na sa alamomin duka. Na ce na sa. Wannan ƙaryar ita ce ta fi ci mini rai har yau, domin da na faɗi gaskiya a ranar, yana da rai, littattafan suna nan, da an gyara. Ya yi ta sa mini albarka, ya kira maƙwabtansa ya nuna musu. Ya ce in ci gaba da ajiye na asalin a wurina, ɗakinsa yana yoyo. Na dawo na zuba su a kwali, na tura ɗakin ajiya bayan buhunan gero. Da kakar shekarar da ta biyo ya rasu.

Bayan shekara shida, mahaifina ma ya riga ya rasu, Inna tana zaune a gidana. Wata safiya a tsakiyar damina ta faɗi a tsakar gida, aka ce shanyewar ɓarin jiki ce. Da ta farfaɗo a asibiti, Hausar da ta yi shekara arba'in tana yi ta tafi gaba ɗaya. Likita ya ce hakan yana faruwa, wani lokaci harshen da mutum ya tashi da shi ne kawai yake saura. 'Yan kalmomi kaɗan take iya furtawa, duk da yarensu. Hannun dama ya mutu, na hagu da ƙyar take ɗaga shi. Ranar da aka sallame mu, da yake na san 'yan dubiya za su cika gidan, na kira maƙwabciyata ta yi mata kitso ƙanana masu kyau, na ɗaura mata sabon ɗankwali.

Tun washegari ta fara maimaita wata kalma guda. Ta kan dube ni ta faɗe ta, ta ɗago hannun hagu zuwa wajen fuskarta, ya faɗi. Na ɗauko ɗan littafin da na buga, wanda ban sake buɗewa ba tun ranar da na kai wa Kawu kwafinsa, na nemo kalmar na same ta. A gefenta an rubuta "ruwa". Na yi murna, na kawo ruwa, ta kawar da kai. Na ce ko mai sanyi take so, na kawo na randa. Na ce ko alwala take nufi, na yi mata. Na yi mata wanka, na dama kunu, na jiƙa tsumma na goge mata fuska. Kowanne na yi sai ta rufe ido, hawaye ya gangaro, can kuma ta sake faɗin kalmar. Na gwada karanta mata tambayoyi daga littafin, irin su ina ke miki ciwo, amma yadda nake furta su ba su zama magana a kunnenta ba. Kallona kawai take yi kamar baƙuwa.

A rana ta uku na tuna da kwalin. Na ja buhuna na buɗe shi, na tarar gara ta gama da shi. Jakar atamfar ta zama ƙasa, littattafan sun zama dunƙulen laka. 'Yan guntayen da na tsinta ba wanda ya kai tafin hannu. A kan ɗaya na ga rubutun Kawu, rabin kalma da ɗan karanta a kai. Na zauna a wurin na yi kuka.

Mijina ya shiga neman wanda yake jin yaren. Aka tambaya a Kebbe, aka tambaya a Fakku. Duk wanda aka ambata sai a ce ya rasu, ko kuma 'ya'yansa ne suka rage, su kuwa gaisuwa kawai suka sani. Daga ƙarshe aka ce akwai wata tsohuwa a wani ɗan ƙauye, amma ba ta iya tafiya, waya ba ta shiga can, kuma ruwa ya yanke hanya, ko babur ba ya wucewa. Abin da na iya yi kawai shi ne na ɗauki muryar Inna a wayata. Ta yi kwana goma sha ɗaya a gida tana faɗin kalmar nan, tun da ƙarfi har ta koma motsin leɓe. Ranar sha biyu da hantsi Allah ya karɓi abarsa.

Bayan an yi arba'in, hanya ta bushe, na ce sai na je. Muka hau mota zuwa Kebbe, daga nan ɗan kabu-kabu ya kai ni a babur. Na sami tsohuwar a ƙofar ɗakinta tana ɓarar gyaɗa. Na gaishe ta, na faɗa mata 'yar wace ce ni, ta gane Innata, ta ce tare suka yi ɗiban ruwa suna yara. Na kunna mata wayar. Ta kara kunne, ta ce in sake. Na sake. Sai ta ajiye gyaɗar ta dube ni ta ce, "Ba ruwa taka biɗa ba. Cewa taka yi a kwance mata. Mi kunka ɗaure mata?"

Ta yi mini bayani cewa in an ɗaga murya a kalmar, ruwa ke nan, in kuma an sauke ta an ɗan ja, ana nufin a kwance. Ta faɗi duka biyun a jere, na ji bambancin sarai, ko yaro zai ji. A nan na tuna abin da matar da ta yi wa Inna wankan gawa ta faɗa mini, wanda a lokacin ban ba shi muhimmanci ba. Ta ce da suka tsefe kitson sun ga fatar kan ta kumbura, duk gindin gashin ya yi ƙuraje. Kitson ya yi tsauri, tana kwance a kansa dare da rana, ba ta iya juyawa. Hannun da take ɗagowa ba baki yake nufa ba, kai yake son kaiwa. Abin da take roƙo bai fi aikin minti goma ba. Kuma na tabbata Kawu ya rubuta wannan kalma ta biyu a layin da ke ƙarƙashin ta farko, da karanta mai karkata hagu. Ni na goge ta da hannuna.

Na faɗa wa tsohuwar komai, har ƙaryar da na yi wa Kawu. Ba ta yi mini faɗa ba. Sai ta matsa ta ba ni wuri a tabarma, ta ce in tambayi abin da zan tambaya tun tana nan. Tun daga lokacin, duk hutun makaranta ina zuwa wurinta. Ina ɗaukar muryarta, ina rubutawa, kuma na koma ga haruffan Kawu gwargwadon abin da na iya tunawa da abin da guntayen suka nuna mini. Wani malamin kwaleji ya taimaka mini na samo su a kwamfuta, aikin bai ɗauke mu yini guda ba. Amma ita ma tsufa ya kama ta. Sau da yawa in na tambaye ta sunan wata ciyawa ko ƙarshen wata waƙa, sai ta girgiza kai ta ce Kawuna ne ya bi tsofaffi ya ji wannan. Abin da gara ta ci, ba mai dawo da shi.

Na san kwanan Inna ne ya ƙare, ba kitso ya kashe ta ba. Amma ta bar duniya tana roƙon 'yarta ɗan ƙaramin abu, 'yar tana tsaye a kanta da littafi a hannu ba ta ji ba. Abin da na koya shi ne takardar shaida ba ta ba mutum ikon gyara abin da bai sani ba. Tela mai ajin yaƙi da jahilci ya fi ni fahimtar aikin harafi, domin shi ya saurara kafin ya rubuta.

Ina kira ga duk wanda aka damƙa wa rubutun wani yare, ko na boko ko na ajami, ya ɗauki hoton kowane shafi kafin ya taɓa shi, kuma alamar da bai gane ba ya tambaya, kada ya share. In kun yi kuskure ku faɗa tun mai abin yana da rai. Ku kuma da iyayenku ko kakanninku suke da wani harshe bayan Hausa, kada ku jira sai kun sami lokacin koyon sa duka. Ku zauna da su yau ku tambayi yadda ake cewa ciwo, da sanyi, da ƙishirwa, da juya ni, da kwance mini, ku maimaita har su ce kun faɗa daidai. Ina roƙon wanda ya karanta wannan ya sa Innata da Kawuna a addu'a, ni kuma ya roƙa mini gafara.