Kada Ki Kalle Ni

Duk wanda ya yi aiki da Wilfred Hebden ya san maganarsa guda: "Kada ka kalle ni." Ya faɗa wa masu haƙar kwal, ya faɗa wa direbobin jirgin ƙasa, lokacin yaƙi ma ya faɗa wa 'yan kwana-kwana suna fama da gobara a Landan. Mai ɗaukar fim ne, amma ba na 'yan wasa ba, nasa na mutane ne a bakin aikinsu. A wurinsa, da zarar mutum ya ɗago ido ya dubi kyamara, wurin a fim ya lalace, sai a sa almakashi a yanke shi. Ga shi da haƙurin tsiya. Yakan wuni tsaye cikin yayyafi yana jiran rana ta leƙo, shayinsa ya huce a hannu bai sani ba.

Yana saurayi aka tura shi Yarmouth, bakin teku, a kakar kifi. Can 'yan matan Sikotlan suke jeruwa, yatsu naɗe da tsumma, suna feɗe kifi suna zubawa a ganga da gishiri. Ya kafa kyamara gaban wata mai saurin wuƙa, sunanta Morag.

"Yi aikinki, 'yammata. Kada ki kalle ni."

"Wa ya ce maka kai abin kallo ne?" Ta ɗago, ta zuba masa ido, ta kwashe da dariya. "Ji hancinsa don Allah, sanyi ya dafa shi!"

"Kin ɓata mini fim."

"Kai ka tsayar mini da aiki. Matsa, ko in haɗa da kai a ganga."

Da ya koma Landan, da kansa ya tsaya a kan Edna, mai yanka fim da haɗawa, har ta cire wurin da Morag ta ɗago ido ta jefa a kwando. Aiki aiki ne, in ji shi. Kakar kifi na zagayowa ya auri Morag.

Sun yi zaman lafiya, ita tana tsokana, shi yana ɓata fuskar ƙarya. Hoton aurensu ya ƙone tare da gidansu na farko a ruwan bama-bamai, kuma ba su sake ɗaukar wani ba. Wanzami ba ya son jarfa: mutumin da ya ɗauki rabin ma'aikatan ƙasar bai yarda a tsaya da shi gaban kyamara ba, tasa kuwa ba ta tsallake ƙofar gida. Morag takan ce, "Bar shi, sau ɗaya ya ɗauke ni, har yau yana mita."

Ta rasu bayan ya ajiye aiki. Muryarta ta zauna masa a rai, hannayenta ma haka. Amma in ya rufe ido ya nemi yadda take dubansa, sai abin ya ƙi zuwa, kuma kullum ƙara nisa yake yi. Wannan ya tsorata shi ƙwarai.

Ya sa kwat ɗinsa ya nemi Edna, ita ma ta tsufa tana dogara sanda. Ta san wani a ma'ajiyar tsofaffin finafinai, aka ba su ƙaramin ɗaki da majigi.

Kafin a kunna fim ɗin Yarmouth ya ce, "Edna, guntayen da muke yankewa fa? Ba a ajiye ko kaɗan?"

"Haba Wilf, kai ka fi kowa sani. Ƙone su ake yi." Ta gyara zama. "Ranar sai da na ce maka yarinyar nan ta fi kifin kyau, a bar ta."

"Kin ce."

Aka kashe fitila. Ga jiragen ruwa, ga ganguna, ga 'yan mata a jere. Sai ga Morag, kai a sunkuye cikin ɗankwali, wuƙa tana walƙiya a hannunta. Aikin ya yi kyau, ko maƙiyi ba zai kushe ba. Haɓarta ta fara ɗagowa, sai hoton ya tsallake zuwa tsuntsayen teku.

"A mayar da shi baya," in ji Wilfred.

Aka mayar. Ya matso gaba a kujerarsa, hularsa a kan gwiwa.

"Morag," ya ce a hankali, "ki kalle ni mana."

Haɓarta ta fara ɗagowa. Sai tsuntsayen teku.