Faɗuwar Ɗan'azumi

Kaka bakwai Ɗan'azumi na Matamaye ya yi yana kokawa, bayansa bai taɓa ƙasa ba. Daga Kurni har Dawce, in makaɗa suka ɗauki takensa, 'yan kokawa sai su fara duban juna. Da kokawar ya cika rumbu, da ita ya yi aure.

Shekarar da Faransawa suka matsa neman soja saboda yaƙinsu da Jamus, kumandan, Baturen mulki, ya zo rangadi daga Damagaram, ya ce a yi masa wasa ya gani. Ɗan'azumi na ɗaura layunsa sai wani gardi, dogarin kumandan, mai sha'awar wasansa ya raɓo shi, ya yi masa raɗa: "Ba kallo ya kawo Bature ba. Wanda ya yi kaye yau, da shi za a tafi."

Abokin karawarsa kuwa Lawwali ne, ɗan maƙwabciyarsa Baiwa, saurayin da shi da kansa ya koya wa kamu. Da suka sarƙe, Lawwali ya ce a hankali, "Yaya, ka sassauta mini, inna na kallo."

Kalma ɗaya ta isa. Da a ce ya gaya masa, da sai su yi ta jan juna har a raba su canjaras. Amma Ɗan'azumi ya tuna matarsa da goyonta, ya saki ƙafa, ya bar saurayin ya yar da shi.

Fili ya ɗauki sowa. Aka ɗaga Lawwali sama, Baiwa na guɗa. Kafin la'asar an sa shi a layi da waɗansu samari, an nufi Damagaram. Bai dawo ba, ko labarinsa ba a samu ba.

Ɗan'azumi bai sake shiga fili ba. Mutane suka ce zafin kaye ne, ya bar su a haka. Kowace damina gonar Baiwa yake fara nomewa kafin tasa. Gari na yabonsa, shi kuwa yabon kamar garwashi a tafin hannu. Samari na zuwa koyo yana koya musu, gwanayen Tsauni da yawa ta hannunsa suka fito, amma ko sau ɗaya bai je kallon wasansu ba.

Da ciwo ya kwantar da Baiwa, Ɗan'azumi ya durƙusa bakin ƙofarta.

"Inna, ran nan da gangan na faɗi. Na san za a tafi da shi."

Ta ce, "Na sani, ɗan nan. Ni na haifi Lawwali, na san iyakar ƙarfinsa."

"To, ki yafe mini."

"Gerona dai ka nome shi, na ci. Sauran kuwa ba nawa ba ne, nasa ne."

Ya tashi bai iya ɗaga kai ba. Bayan kwana uku ta rasu, shi ya haƙa kabarinta. Ya rayu har furfura ta cika masa kai, kuma duk makaɗin da ya ɗauko takensa, sai ya ba shi goro ya roƙe shi ya yi shiru.