Jaket ɗin da Baba ya ɗinke

Aikina a wani otal da ke bakin teku a Jidda shi ne in riƙa bin manyan baƙi ina cewa "to". Turanci ne ya samo mini aikin, shi ne kuma ya jawo aka haɗa ni da wani tsohon Bature ɗan Ingila, mawaƙin rok, wanda aka gayyato ya yi wasa lokacin da ƙasar ta fara buɗe ƙofa ga irin waɗannan kaɗe-kaɗe. Mudir, wato shugaban otal ɗinmu, ya kira ni ya ce mutumin nan duk duniya ta san shi. Na ce to. Ni dai a unguwarmu ta Zariya ban taɓa jin an ambace shi ba.

Da ya fito daga mota sai da na ƙara duba bayansa, ko mai gidan yana tafe. Ashe shi ne. Tsoho ne ya ba saba'in baya, gashi an rine shi baƙi wuluk, wando ya ɗame shi kamar ɗura shi aka yi a ciki, ga ɗan kunne. A jikinsa kuwa wata jaket ce ta jins, ta koɗe, gwiwar hannu a waje, kafaɗa a yage, aljihu yana reto. Ko mai gadin gareji ba zai yarda a gan shi da ita ba.

Ban tambaye shi tarihinsa ba, amma na sha shi kullum a wajen karin kumallo. An haife shi a wani garin masaƙu, ubansa lebura, uwarsa tana ɗinki a masana'anta. Ya bar makaranta, ya sayi tsohuwar jita, suka haɗa ƙungiya da abokansa na ƙuruciya. Suka yi suna, suka ɓata a kan wane ne ya rubuta wace waƙa, har yau ba sa ga maciji. Ya yi aure ya saki, ya sake yi ya sake saki, ya sha giya har ta kusa kai shi lahira, ya daina, ya yi waƙa a kan dainawar, ita ma ta karɓu. Duk abin da ya same shi a rayuwa sai ya mayar da shi waƙa ya sayar. Yanzu yana da gida a ƙauye mai dawakai da tafki, kuma daga can yake rubuta wa talakawa waƙoƙinsu.

Domin a cewarsa shi mawaƙin talaka ne. Da ya faɗi kalmar "lebura" sai ya dafe ƙirji ya lumshe ido. Yana faɗa yana mayar da ƙwai kicin don gwaiduwar ta cika dahuwa. Jaket ɗin nan kuwa ita ce shaidarsa. Da ita ya fara hawa dandamali, kowace ɓula da labarinta: wannan ɗan sanda ne ya yaga a wajen zanga-zanga, waccan wata masoyiya ce ta finciko. Daga baya matar da ke kula masa da kaya ta gaya mini cewa rabin ɓulolin ita ta yi su da almakashi.

A ƙasan otal, sashen wanki da guga, akwai wani dattijo da muke kira Baba. Bahaushen Sudan ne, ya tsufa a Jidda, yana zaune a unguwar Waziriyya da matarsa da 'yarsa. Aikinsa ɗinka maɓalli da kalmasa ƙafar wando. Iƙamarsa, takardar zamansa a ƙasar, tana hannun kamfanin da ke kawo wa otal ma'aikata, ta iyalinsa kuma tana rataye da tasa. Gida kuwa yaƙi ake yi, ba inda za a koma.

Wata safiya mai gyaran ɗaki ya kwashi kayan Baturen gaba ɗaya ya kai wanki, har da jaket ɗin. Ta faɗa hannun Baba. Ya juya ta, ya ga irin wulaƙancin da ta sha, ya yanke a ransa cewa wannan baƙo mutum ne da duniya ta juya wa baya, yana ta maza ne kawai a cikin manya. A wajenmu idan ka ga haka ba ka tambaya, ba ka kuma yayatawa, rufin asiri ake yi. Ya bar abincin ranarsa ya zauna ya ɗinke ta tas. Ya nemo ƙyalle mai kama da ita ya yi faci ta ciki, ya mayar da aljihu mazauninsa, ya goge, ya sa a leda. Bai gaya wa kowa ba.

Ina tsaye aka buɗe ledar. Mawaƙin talaka ya yi wata ƙara da ban taɓa jin namiji ya yi ba. Manajansa, wani siriri mai waya biyu, ya ce wannan ɓarnar tarihi ce, akwai gidan adana kayan tarihi da ke jiran rigar nan. Mudir ya taso yana gumi yana ba da haƙuri da harshe biyu. Kafin la'asar an gaya wa kamfani cewa otal ba ya bukatar Baba, kamfani kuma ya ce tsoho irinsa ba su da inda za su kai shi, sai dai takardar fita ta ƙarshe, wato ya bar ƙasar ba dawowa.

Na sauka na same shi yana naɗe zare.

"Ɗana, me na ɓata?" ya ce. "Wallahi ko tawa ce iyakar abin da zan yi mata ke nan."

"Baba, ɓulolin ne yake so."

"Yake so? La haula. To ai sai ya faɗa. Ma'alesh, ka ba shi haƙuri, ka ce ban sani ba."

Na hau na sami Baturen shi kaɗai, ya huce yana shan ruwan 'ya'yan itace. Na gaya masa komai: dalilin ɗinkin, da iƙama, da matar, da 'yar, da yaƙin. Na ce kalma ɗaya daga bakinsa zuwa ga mudir ta isa. Sai ga hawaye. Ya dafe ƙirji ya ce uwarsa ma da allura ta ciyar da shi, ya ce bai taɓa jin labari mai taɓa zuciya irin wannan ba, lallai akwai waƙa a ciki. Ya ce in kai shi wajen Baba yanzun nan. Raina ya yi fari, har na fara jin kunyar rainin da na yi masa.

Muka sauka, sai na ga mai ɗaukar hotonsa yana biye. Ya rungume Baba, ya riƙe hannunsa ya ɗaga wa kyamara, ya sa aka matso da keken ɗinki don ya fito. Baba yana ta murmushi yana cewa "Marhaba, marhaba," shi a tunaninsa an yafe. Da muka shiga lif na tuna masa maganar mudir. Ya dafa kafaɗata ya ce, "Ɗan'uwa, ni mawaƙi ne, harkar takardu ta manaja ce." Na je wajen manaja, ya ce harkar otal ce. Na je wajen mudir, ya ce, "Halas, magana ta ƙare, an riga an rubuta."

Ranar wasan da rana na kai shayi ɗakin matar nan mai kula da kaya. Na tarar da ita da ɗan ƙaramin almakashi tana farke ɗinkin Baba zare bayan zare, tana mita wai mutumin ya ɗinka kamar ba za a mutu ba. Da yamma Baturen ya wuce ni a harabar otal da jaket ɗinsa, gwiwar hannu a waje, zai je ya rera wa mutane wahalar lebura. Ban je ba. Washegari ya tashi, ya bar mini hotonsa da sa hannu, wai in kai wa abokinsa tela. Na bar shi a cikin durowar ofis.

Na je Waziriyya ranar Juma'ar da ta biyo baya. An ɗaure kaya a kwali, keken ɗinkin gida an ba maƙwabci, 'yar tana zaune a kan akwati. Baba ya sa aka kawo mini shayi. Na shirya jin ya tsine wa Baturen, don ni tun a mota nake tsine masa. Sai ya matso ya rage murya.

"Ɗana, ya sa rigar kuwa a wajen wasan?"

"Ya sa, Baba."

"To alhamdu lillahi," ya ce. "Ko ba komai ya shiga mutane da mutuncinsa."