Kofin da Moro Ya Kai Gaisuwa

A masallacin unguwar Morris Heights da ke Bronx kowa ya san Baba Moro da tasi, wadda ya tuƙa har idanunsa suka gaza. Ƙalilan ne suka san cewa hannayen nan masu jan carbi sun taɓa tsare raga.

Daga zangon Kumasi ya ƙetaro teku zuwa ƙasar Turawa yana saurayi, zamanin da ƙwallon ƙafa a kwalejojin birnin nan bai wuce wasan baƙi ba. Wata ƙaramar kwaleji ce ta ɗauke shi gola, karatu kyauta. Filinsu duk tsakuwa, 'yan kallonsu ba sa cika benci biyu. Amma a shekararsa ta biyu suka cinye gasar ƙananan kwalejoji, kofin farko a tarihin makarantar.

To, a zangonsu ba a cin kofi a kulle shi a kabad. Sai an kai shi gaban dattijo ya ɗora hannu ya sa albarka. Moro bai san akwai ƙasar da ba a yin haka ba. Washegari ya naɗe kofin cikin tawul, ya hau jirgin ƙasa zuwa Bronx, wurin Alhaji Aziz, tsohon da ya sauke shi ranar da ya iso. Tsoho ya shafa, ya yi addu'a, aka ci tuwo. Kafin ya mayar da kofin an riga an kira 'yan sanda a makaranta, wai an sace shi.

Ya yi bayani da ɗan Turancinsa, ba wanda ya gane. Kwabena, ɗan wasan gabansu, shi ma ɗan Kumasi ne, ya san al'adar sarai, amma tsoron rasa gurbinsa ya ɗaure masa baki. Aka kori Moro. Rashin karatun bai ci masa rai kamar sunan ɓarawo ba. Shi ya sa ko jikokinsa bai taɓa gaya musu ya buga ƙwallo ba, kada su nemi jin ƙarshen labarin.

Bana kwalejin ta gayyaci tsofaffin 'yan wasan zuwa bikin tunawa da nasarar. 'Yarsa Hamdatu ta yi lallashin duniya, ya ce shi da ƙofar nan har abada. Wajen taurin kai kam, Baba Moro ba baya ba ne.

Ranar Lahadi bayan la'asar aka ƙwanƙwasa ƙofa. Wani tsoho ne da sanda, yana haki saboda matakala, rungume da wani abu cikin tawul.

"Moro, ni ne Kwabena," in ji baƙon. "Jiya a wurin bikin na tsaya gabansu duka, na faɗi abin da ya kamata in faɗa tun muna yara. Shugaban makaranta da hannunsa ya ba ni, ya ce in kawo."

Moro ya dubi tawul ɗin. Fushin yana nan, bai je ko'ina ba.

"Alhaji ya rasu tuni," ya ce. "Wa ka kawo wa?"

"Ɗan'uwa, wane dattijo ya rage mana in ba kai ba?"

Aka ware tawul. Kofin ya dushe, bai ma kai girman da Moro yake tunawa ba. Ya ɗora hannu a kai, ya fara addu'ar da Alhaji Aziz ya yi. Kwabena, wanda ba Musulmi ba ne, ya amsa da amin yana hawaye.

Da suka shafa, Moro ya juya wajen Hamdatu.

"Kira mini yaran," ya ce. "Su zo su ga abin da kakansu ya ci."